Sharhi: Tarihin Naipaul da gaskiyar da ba a karɓa ba sai da mai gida ya sa hannu

A watan Maris na 2009, ƙungiyar masu sharhin littattafai ta ƙasar Amurka, wato National Book Critics Circle, ta miƙa kyautarta ta tarihin rayuwa ga wani marubuci ɗan Birtaniya mai suna Patrick French. A shekarar ce kuma ya karɓi kyautar Hawthornden, ɗaya daga cikin tsofaffin kyaututtukan adabi na Birtaniya. Kafin nan, jaridar New York Times ta riga ta sa littafin nasa cikin goma mafi kyau na 2008. Littafin mai suna The World Is What It Is tarihin rayuwar V.S. Naipaul ne, marubucin nan haifaffen tsibirin Tirinidad da ya ci kyautar Nobel ta adabi a 2001, wanda kuma ya kwashe shekaru yana rubutu kan Afirka da ƙasashen Musulmi.

Abin da ya sa littafin ya yi tashe shi ne yadda aka rubuta shi. Naipaul yana raye a lokacin, shi ya ba da izini, shi ya buɗe takardunsa, ya zauna aka yi ta hira da shi. Da aka gama ya karanta, kuma a cewar French bai nemi a canza komai ba. Duk da haka, mutumin da ya fito a cikin littafin mutum ne da ya wulaƙanta matarsa shekara da shekaru, ya doki farkarsa, ya kuma raina baƙar fata a magana da a wasiƙa.

Littafin ya cancanci kyautar da ya samu. Sai dai yadda aka tarbe shi ya tona wata cuta da ba ta tsaya a Landan ko New York ba: gaskiya game da babban mutum ba ta samun shiga sai shi da kansa ya sa mata hannu. Waɗanda Naipaul ya cutar, da waɗanda suka san halinsa, sun daɗe suna faɗa, ba a saurare su ba.

Wane ne Naipaul?

An haifi Vidiadhar Surajprasad Naipaul ran 17 ga Agusta 1932 a garin Chaguanas na Tirinidad, tsibirin da ke yankin Karebiyan a ƙarƙashin mulkin mallakar Ingila a lokacin. Kakanninsa Indiyawa ne, daga cikin leburorin da Turawa suka riƙa kwasowa daga Indiya tsakanin 1845 da 1917 don su yi aiki a gonakin rake bayan an haramta bauta. Mahaifinsa, Seepersad, ɗan jarida ne a Trinidad Guardian, mutum mai burin zama marubuci da talauci ya hana shi sakat. A 1950 yaron ya samu tallafin karatu na gwamnati ya tafi jami'ar Oksfod a Ingila. Mahaifin ya rasu a 1953 ba tare da sun sake ganin juna ba.

A Oksfod ya haɗu da wata ɗaliba Baturiya, Patricia Hale, da ake kira Pat, suka yi aure a 1955. Ita ta riƙa koyarwa tana ciyar da gidan a shekarun da shi ba ya da abin kirki sai ɗan aikin da yake samu a shirin adabin Karebiyan na BBC. Ita ce kuma mai fara karanta duk abin da ya rubuta. A 1961 ya fitar da A House for Mr Biswas, ƙagaggen labarin da ya gina kan rayuwar mahaifinsa, wanda har yau mutane da yawa ke ɗauka a matsayin mafi kyawun aikinsa. Ya ci kyautar Booker a 1971, Sarauniyar Ingila ta ba shi lambar Sir a 1990, Nobel ta biyo baya a 2001. Da aka sanar da Nobel ɗin, ya yaba wa Ingila a matsayin gidansa da Indiya a matsayin ƙasar kakanninsa, bai ambaci Tirinidad ba. Mutanen tsibirin ba su manta da wannan ba.

Wannan tafiya, daga gidan haya a wani ɗan tsibiri zuwa ƙololuwar adabin Turanci, French ya ba ta haƙƙinta. Ya nuna yaron da ya isa Ingila cikin sanyi da kaɗaici da wariyar launin fata, ya nuna shekarun aiki tuƙuru ba hutu. Duk ɗalibin da ya taɓa sauka a Faransa ko Kanada ko Maroko da jaka ɗaya da takardar tallafin karatu zai gane wani abu nasa a waɗannan shafuka.

Abin da littafin ya fito da shi

Naipaul ya sayar da takardunsa ga jami'ar Tulsa da ke jihar Oklahoma a Amurka. A cikinsu akwai wasiƙu, akwai kuma littattafan sirri da Pat ta riƙa rubuta abin da ke damunta a ciki tsawon shekaru. French ya samu damar karanta su duka. Daga nan ne, da kuma daga bakin Naipaul kansa, aka ji abubuwan da suka girgiza masu karatu.

A 1972, a birnin Buenos Aires na Ajantina, Naipaul ya haɗu da wata matar aure mai suna Margaret, suka shiga hulɗar da ta kai kusan shekara 24. Bai ɓoye wa Pat ba. Yakan bar ta a gida ya tafi yawon duniya da Margaret, ya dawo ya miƙa wa Pat rubutu ta karanta masa. Ya faɗa wa French da bakinsa cewa akwai lokacin da ya yi kwana biyu yana dukan Margaret har hannunsa ya kumbura, ya ƙara da cewa wai ita abin bai dame ta ba.

A 1994, cikin wata hira da mujallar New Yorker, ya bayyana wa duniya cewa a farkon aurensa ya kasance mai yawan zuwa wurin karuwai. Pat, wadda ke fama da ciwon daji, a jarida ta ji labarin. Jikinta ya sake rikicewa, ta rasu a watan Fabrairu na 1996. Naipaul ya amsa wa French cewa ana iya cewa shi ya kashe ta. Tun tana kwance ya riga ya nemi auren wata ƴar jarida da ya haɗu da ita a Pakistan a 1995, Nadira, ya kuma watsar da Margaret. Wata biyu bayan rasuwar Pat aka ɗaura sabon aure. A nan French ya tsayar da littafinsa, a 1996, da ranar da aka watsa tokar gawar Pat.

French bai yi wa'azi a littafin ba, bai kuma yi zagi ba. Ya jera takardu da maganganu, ya bar mai karatu ya yanke hukunci. Wannan ne ƙarfin aikin. Littafin tarihin rayuwa da aka rubuta da izinin mai shi galibi kirari ne da aka ɗaure da bango mai kyau, irin wanda ake ƙaddamarwa a babban otel ana sanar da gudummawa. Na French ya karya wannan al'ada, kuma alƙalan kyauta ba su yi kuskure ba da suka lura.

Yadda masu sharhi suka tarbe shi

Yabon ya zo daga ko'ina, amma yana da kyau a duba abin da aka yaba. Masu sharhi da yawa sun jinjina wa French, daga nan sai suka juya suka jinjina wa Naipaul kansa saboda ƙarfin halin da ya sa ya bari a tona shi. An riƙa tuna cewa tun a 1994, a wani jawabi a Tulsa, ya ce rayuwar marubuci abin bincike ce kuma bai kamata a rage gaskiya a cikinta ba. Wasu ma sun ɗauki littafin tamkar wani sabon aikin Naipaul ne da ya rubuta da hannun wani. James Wood, a mujallar New Yorker, ya karanta shi a matsayin labarin mutumin da mulkin mallaka ya ji wa ciwo, shi kuma ya juya yana ji wa wasu. Akwai gaskiya a wannan fassara, amma tana sake mai da hankali kan raunin mai dukan.

Ta haka ne iƙirarin laifi ya koma wata sabuwar lambar girma. Mutum ya doki mace, ya faɗa da bakinsa, sai labarin ya zama na gaskiyarsa da rashin tsoronsa.

Sai ga wasiƙa. Bayan Ian Buruma ya yi sharhin littafin a New York Review of Books a ƙarshen 2008, mujallar ta buga martani a farkon 2009. Margaret ce ta rubuto, a ƴan layuka kaɗan. Ta ce ba ta ba littafin haɗin kai ba, ta kuma ƙaryata maganar Naipaul cewa cin zarafin bai dame ta ba. Ta ce ya dame ta ƙwarai. Littafi mai ɗaruruwan shafuka, sharhi a manyan jaridun duniya, kyaututtuka biyu, amma matar da aka doka sai da ta aika wasiƙa zuwa shafin masu karatu kafin a ji ta bakinta kan abu mafi sauƙin ganewa.

Pat kuwa ba ta samu ko wannan damar ba. Muryarta tana cikin littafin, kuma ba don French ba da ta ƙare a matsayin suna kawai a gefen tarihin mijinta. Amma littattafan sirrinta ba ita ta buɗe su ba. Makullin yana hannun mutumin da ta rubuta kukanta a kansa, shi ya sayar, shi ya ba da izinin karantawa, shekaru bayan rasuwarta. Ko a wurin bayyana zaluncin da aka yi mata, shi ne mai iko.

Akwai kuma Paul Theroux, marubuci ɗan Amurka da ya haɗu da Naipaul a jami'ar Makerere ta Yuganda a 1966, suka yi abota ta shekara 30. Da abotar ta watse, ya rubuta Sir Vidia's Shadow a 1998, inda ya kwatanta girman kan abokinsa da rowarsa da raininsa ga ƴan Afirka. Masu sharhi da yawa a lokacin sun ɗauki littafin a matsayin cin amana da ramuwar gayya. Shekara 10 bayan haka, da French ya fito da abin da ya fi na Theroux muni, aka kira shi gwaninta. Theroux ba waliyyi ba ne, yana da haushinsa. Amma bambancin da ya fi girma tsakanin littattafan biyu shi ne ɗaya yana da hatimin mai gida, ɗaya ba ya da shi.

Waɗanda suka daɗe suna faɗa

Ga mai karatu a Maraɗi ko Damagaram, ko ɗan Nijar da ke zaune a Kwatanu ko Lyon, ɓangaren da ya fi shafarsa shi ne wannan. Tun kafin a san abin da ke faruwa a cikin gidan Naipaul, abin da yake faɗa kan Afirka da Musulmi a fili yake, a buge, ana saye.

A 1979 ya fitar da A Bend in the River, labarin wani ɗan kasuwa Musulmi ɗan asalin Indiya a wata ƙasar Afirka da ba a ambaci sunanta ba, amma kowa ya gane Zayar ce ta zamanin Mobutu. Daga farkon wannan littafi ne French ya ɗauko sunan nasa. A shekarar, cikin wata hira da aka buga a New York Times, Naipaul ya ce Afirka ba ta da makoma. A 1981 ya fitar da Among the Believers bayan ya zaga Iran, Pakistan, Malesiya da Indunusiya, ya sake komawa ƙasashen huɗu ya rubuta Beyond Belief a 1998. Jigon hujjarsa shi ne duk Musulmin da ba Balarabe ba tubabbe ne da addini ya tilasta wa watsar da tarihinsa da asalinsa. Wanda ya san rubuce-rubucen ajami na Hausa da Fulfulde, ko waƙoƙin Nana Asma'u, ko tarin littattafan hannu na Agadas da Tumbuktu, ya san cewa hujjar ba ta tsayawa a Afirka ta Yamma, inda mutane suka riƙi addinin suka rubuta shi da harsunansu.

Masana sun amsa masa tun da wuri. Edward Said, malamin adabi ɗan asalin Falasɗinu, ya kwatanta shi da mai ba da shaida a ɓangaren masu gabatar da ƙara na Yammacin duniya. Chinua Achebe, a littafinsa Home and Exile na shekarar 2000, ya soki yadda A Bend in the River ke kallon ƴan Afirka. Derek Walcott, mawaƙin Karebiyan da shi ma ya ci Nobel, ya daɗe yana zarginsa da ƙyamar baƙar fata. Waɗannan ba ƙananan mutane ba ne, amma a manyan jaridun Landan da New York an fi ɗaukar maganarsu a matsayin siyasa ko jin haushi, shi kuwa Naipaul a matsayin mai faɗin gaskiya mai ɗaci da sauran ke tsoron faɗa. An sanar da Nobel ɗinsa a watan Oktoba na 2001, wata ɗaya bayan harin 11 ga Satumba, lokacin da kasuwar irin ra'ayinsa kan Musulunci ke ci.

Abin da tarihin French ya ƙara shi ne hujja daga cikin gida. Rainin da Achebe ya gani a shafi, ga shi a wasiƙu da hirarraki. A cikin A Bend in the River akwai wurin da jarumin labarin ya lakaɗa wa farkarsa duka, kuma bayan 2008 ba wanda zai sake karanta wurin yadda ya karanta shi a da. Mutumin da ya iya yanke hukunci cewa matar da ya doka ba ta damu ba, shi ne ya yanke hukunci kan abin da nahiya guda take ji da abin da za ta zama. Hanya ɗaya ce: ya yi magana a madadin wanda bai tambaya ba.

Bai kuma daina ba. A 2010, shekara biyu bayan tarihin, ya fitar da The Masque of Africa bayan ya zaga Yuganda, Najeriya, Gana, Kodebuwa, Gabon da Afirka ta Kudu. Ya je har Kano, inda ya kalli yaran da ke bara a titi ya bayyana su a matsayin amfanin gonar auren mata da yawa. Matsalar yaran da ke kan titi gaskiya ce, kuma ƴan jarida da malamai na Kano da Maraɗi sun fi shi sanin zafinta. Amma a wannan karon wasu masu sharhi a Birtaniya sun fito sun yi tir da yadda yake kallon mutane. Abin da Achebe ya faɗa shekara 10 kafin nan ya fara shiga kunne.

Maganar rufin asiri

Mai karatu da ya tashi cikin tarbiyyar Hausa zai iya cewa: to, ina rufin asiri? Mutum ya mutu, Naipaul a watan Agusta na 2018, French ma a watan Maris na 2023. Me ya kai wani cikin ɗakin aurensa? Tambaya ce mai nauyi, bai kamata a yi mata dariya ba. Al'ummar da ta san darajar sutura ta fi wadda ke cin naman juna a Facebook da TikTok, inda ake ɗauko hoton mutum ko muryarsa a watsa ba bincike, ba jin ta bakinsa, don kawai a tara mabiya.

Sai dai a cikin al'adar karatun Musulunci kanta akwai amsar. Malaman hadisi sun kafa ilimi sukutum na tantance maruwaita, inda ake bin rayuwar mutum a ga ko mai gaskiya ne, ko mai mantuwa ne, ko mai son zuciya ne, kuma ba su ɗauki wannan a matsayin giba ba, domin wanda ya tsaya ya ba da shaida dole a san ko shi wane ne. Alƙali ma ba ya karɓar shaida sai an tsarkake mai ba da ita. Naipaul ya tsaya gaban duniya shekara 50 yana ba da shaida kan ƙasashe da addinai da jinsunan mutane, ana karanta shi a jami'o'i da ofisoshin masu tsara manufofi. Binciken halinsa haƙƙi ne na waɗanda ya yi shaida a kansu.

Bayan haka, a duba wanda rufin asirin yake karewa. A gidan Naipaul, shirun shekara 40 bai kare Pat da komai ba, shi ya kare. Sutura da ake yi wa mai rauni daban, shirun da ake yi don kada a ɓata wa mai ƙarfi rai daban. Bambancin aikin French da tonon silili na intanet shi ne takarda, kwanan wata, jin ɓangarori, da shekarun da aka kwashe ana tantancewa. Inda aikin ya gaza, kamar yadda wasiƙar Margaret ta nuna, ya gaza ne ta wurin ƙarancin sauraro.

Wannan ba kira ba ne a ƙona littattafan Naipaul. A House for Mr Biswas yana nan da kyansa, kuma duk wanda ya ga mahaifinsa yana fafutukar mallakar gida nasa na kansa zai ji shi a jika. Abin da ya gani na ɓarnar mulkin Mobutu ma ba ƙarya ba ne. A karanta shi yadda ake sauraron shaidar mutum mai kaifin ido da aka san yana da ƙiyayya a zuciya: a ɗauki abin da ya tabbata, a tambayi sauran. Matasan da ke ƙasashen waje kuma suna da nasu darasin. Kunyar asali da Naipaul ya ɗauko daga Tirinidad ita ce ta rikiɗe ta zama raini, kuma ya samu masu tafa masa domin yana faɗa musu abin da suke son ji daga bakin wanda ba Bature ba. Wannan kasuwa tana nan har gobe, tana kuma biya da kyau.

Abin da ya rage wa na gida

Nijar tana da marubutan da rayuwarsu ta cancanci irin wannan bincike. Boubou Hama, wanda littafinsa Kotia-Nima ya ci babbar kyautar adabi ta Afirka baƙar fata, shi ne kuma shugaban majalisar dokoki kuma jigo a jam'iyyar PPN-RDA a zamanin Diori Hamani, zamanin da aka haramta Sawaba aka murƙushe ƴaƴanta. Bayan juyin mulkin 1974 shi ma aka tsare shi. Abdoulaye Mamani, haifaffen Gudumariya a 1932, shekara ɗaya da Naipaul, ɗan Sawaba ne da ya yi gudun hijira, ya dawo ya sha ɗauri a zamanin Kountché, ya rubuta Sarraounia a 1980, littafin da Med Hondo ya mayar fim ya ci babbar kyautar FESPACO a 1987. Ya rasu a hatsarin mota a 1993 a kan hanyarsa daga Damagaram zuwa Yamai don karɓar kyautar adabi mai ɗauke da sunan Boubou Hama.

Duk wanda zai rubuta rayuwar waɗannan mutane biyu da gaske zai taɓa wuraren da ke da zafi har yanzu a cikin iyalai da jam'iyyu. Zai buƙaci takardun da ke gidan ajiyar tarihi na ƙasa da cibiyar IRSH a Yamai, da na Turawan mulkin mallaka da ke Aix-en-Provence a Faransa. Zai fi buƙatar abin da ke cikin akwatunan ƙarfe a gidaje, inda gara da damina ke cin wasiƙu kowace shekara, da abin da ke cikin kawunan tsofaffin da ke tafiya ɗaya bayan ɗaya. Iyalan marubuta da malamai da mawaƙa za su yi wa ƙasa babban aiki idan suka adana takardun nan, suka ba masu bincike dama ba tare da sharaɗin sai an yi yabo ba. Jami'o'in Yamai, Damagaram, Maraɗi da Tawa kuma su ne suka fi dacewa su karɓi amanar.

Amma darasin da ya fi kowanne daga labarin Naipaul na masu rubutu ne da masu sharhi da masu karatu. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma tarihin da ba ya iya faɗin laifin mai shi ba ya da amfani ga na baya. Idan aka tashi rubutawa, a fara da matar gida, da ƴaƴa mata, da direba, da magatakardan da ya buga rubutun, da abokin hamayyar da aka ɗaure, tun suna raye kuma suna iya gyara abin da aka faɗa a kansu. Idan ɗayansu ya yi magana, a auna ta da hujja kamar yadda za a auna ta mai gida, kada a jira sai shi ya amince tukuna. French ya yi sa'ar samun babban mutum da ya buɗe ƙofa da kansa. Galibin manya ba za su buɗe ba, kuma mutanen da suka zauna a ƙarƙashinsu ba su da mujallar New York da za su aika wa wasiƙa.